Minti 25 a Ƙasa: Yadda Ryanair Ke Samun Arahar Tikiti

A shekarar 1972 kamfanin jiragen sama na Southwest da ke jihar Texas a Amurka ya shiga matsin kuɗi, har ya sayar da ɗaya daga cikin jiragensa huɗu. Bai rage zirga-zirgarsa tsakanin Dallas da Houston da San Antonio ba. Sai ya ɗora wa jirage uku aikin huɗu: jirgi ya sauka, fasinja su fita, wasu su shiga, ya sake tashi cikin minti 10. Duk direban haya ya san wannan lissafi, mota a tsaye ba ta biyan balas.

Wannan dabara Michael O'Leary, wanda daga baya ya zama shugaban Ryanair, ya je ya gano da idonsa, ya kai ta wannan kamfani na ƙasar Ailan, wanda ya fara jigila a 1985 da ƙaramin jirgi mai kujeru 15 tsakanin Waterford da Landan. Da Tarayyar Turai ta gama buɗe sararin samaniyarta a 1997, kamfanin ya samu damar sauka duk inda ya ga dama a cikinta.

Inda ya ga daman kuwa shi ne filayen da manyan kamfanoni suka raina. Tikiti zai ce Frankfurt, amma a Hahn za a sauke ka, kusan kilomita 120 daga birnin. Mai zuwa Paris a Beauvais zai tsinci kansa. Kuɗin sauka a can kaɗan ne, ba layin jirage masu jiran izinin tashi, don haka minti 25 sun isa jirgi ya sauka ya sake tashi.

Abin sha'awa yana cikin mintocin nan. Ana kafa matakala gaba da baya, fasinja su taka da ƙafa. Bayan kujera babu aljihun da za a cusa shara, takardar bayanin kariya ma manne ta aka yi. Ma'aikatan cikin jirgi su ke kwashe tarkace kafin a sauka. Kusan duk jiragen Boeing 737 ne, mafi yawa masu kujeru 189, saboda haka matuƙi da makanike ba sa sauya hannu. Galibi jirgi ya tashi da asuba daga sansaninsa, ya yi ta kai-kawo, ya dawo gida da dare, babu kuɗin otal ɗin ma'aikata. Kuma daga gari zuwa gari ake sayar da tikiti. Wanda zai sauya jirgi a hanya, in ya makara, shi ya jiyo.

Ina ganin alherin tsarin a fili yake: ɗan ci-rani da ɗalibi, waɗanda da sai dai bas ta kwana biyu, yanzu suna zuwa ganin iyayensu. Abin da ke damuna shi ne jadawalin da ba ya barin sararin numfashi. Jinkirin safiya yakan bi jirgi har dare, kuma nauyin yana kan mutane. A watan Satumba na 2017, tsarin hutun matuƙa ya cakuɗe, kamfanin ya sanar da soke tafiye-tafiye 40 zuwa 50 a kullum na tsawon mako shida, dubban ɗaruruwan fasinja suka rasa tafiyarsu. Kafin ƙarshen shekarar, Ryanair ya amince zai zauna da ƙungiyoyin matuƙansa, abin da ya shafe sama da shekara 30 yana ƙi.