Raƙuma Ashirin na Azurfa

Wanda ya tashi a bakin ruwan Warra ya san nauyin kaya tun kafin ya iya ƙidaya, domin ya ga yadda buhunan hatsi ke danne kwale-kwale har ruwa ya kusa taɓa bakinsa. Shi ya sa da na fara jin labarin nan, nauyin kayan na fara aunawa a raina. A shekarar 1929 wani attajirin Kano ya kora raƙuma ashirin, kowanne labce da tsabar kuɗin azurfa, zuwa bankin Turawa mai suna Bank of British West Africa, wanda a yau ya zama First Bank. Sunansa Alhassan Ɗantata. Tun ranar da na ji labarin, tambaya ɗaya ta hana ni sakat: ina ya samo su?

Kowa ka tambaya zai ce maka gyaɗa ce. Akwai gaskiya a ciki. Jirgin ƙasa ya fara jigila tsakanin Kano da Ikko a 1912. Turawa sun sa rai da auduga, sai manoma suka juya ga gyaɗa, wadda masana'antun Turai ke matse manta don abinci da sabulu. A 1918 kamfanin Neja ya nemi Alhassan ya riƙa saya masa gyaɗa, kuma kafin 1922 ta ƙare ya sha gaban manyan attajirai irin su Umaru Sharubutu Koƙi da Maikano Agogo.

Sai dai wannan amsa ba ta gamsar da ni ba. Kamfani ba ya damƙa kuɗin saye ga wanda ya tsinta a hanya. Yana neman mai jari, mai yara a ƙauyuka, wanda kalmarsa ta isa jingina. Ke nan gyaɗa ta tarar da shi da ƙarfinsa.

To ko gado ne? Na bi wannan sawu, ya ɓace mini da wuri. An haife shi a Bebeji a 1877, cikin Agalawa, zuriyar fatake. Mahaifinsa Madugu Abdullahi ya rasu yana ɗan kimanin shekara takwas, abin da ya samu a rabon gado kuma bai kai shi ko'ina ba. Mahaifiyarsa Amarya ta tafi Akkara ta kafa kasuwancinta, ta yi arziki. Da ya tasa ya bi ayarin Gwanja ya je wurinta. Maimakon ta ba shi jari, sai ta miƙa shi ga malami ya ci gaba da karatu, ya yi zaman almajirci da yunwarsa. Na daɗe ina juya wannan hukunci nata, kuma na kasa kiransa rowa. Mace ce da ta san yadda kuɗin da ba a sha wuyarsu ba suke narkewa a hannun yaro.

Ya dawo Bebeji, sai yaƙi ya rutsa da shi. Sarkin Kano Muhammadu Bello ya rasu a 1893, Sakkwato ta naɗa ɗansa Tukur, magoya bayan Yusufu, wanda shi ma yake neman sarautar, suka yi tawaye, Basasa ta ɓarke. Agalawa suna ɓangaren Tukur, ɓangaren da Aliyu Babba, jagoran 'yan tawayen, ya rinjaya. Aka kama Alhassan da 'yan'uwansa cikin waɗanda aka kama, sai da fansa suka samu kansu. Saurayin da ya fito daga wannan masifa ba shi da komai sai ransa da sanin hanya.

Saura goro. A nan ne binciken ya dawo da ni ƙofar gidanmu.

Shekaru aru-aru ayarin Gwanja ta ƙasarmu ta Yawuri yake ratsawa. Madugu a gaba, jagaba yana duba hanya, jakuna ɗauke da kanwa da rinannun tufafi da fatu. Su sauka zango, su biya fito, masu jirage su tsallakar da su Kwara, su shiga Bargu da fargabar 'yan fashi, su nufi Salaga sayen goro. Zuwa da dawowa kan cinye fiye da rabin shekara. Goro kuwa ba ya son jira. Sai an riƙa kwance huhu ana yayyafa ruwa ana tsince wanda ya ɓaci, kuma kowane gari da aka ratsa da nasa harajin. Ɗaruruwan fatake sun bi wannan hanya sun samu rufin asiri, amma ba wanda ya tara lodin raƙuma ashirin. Me ya bambanta shi?

Amsar ta ɗan sosa mini rai a matsayina na ɗan wannan yanki: ya bar hanyarmu. Kasuwar Salaga ta riga ta durƙushe bayan yaƙin da ya ci garin a 1892, goro kuma ya fara gangarawa bakin teku. Alhassan, wanda ya san Akkara tun yana yaro, ya riƙa bi ta Ibadan zuwa Ikko, ya hau jirgin ruwa mai hayaƙi zuwa Akkara da Sekondi, ya dawo da goro ta teku. Yana cikin Hausawan farko da suka yi haka. Jarin da wasu ke juyawa sau ɗaya a shekara, shi yana juya nasa sau da dama. Da layin dogo ya iso Kano, sai ragowar tafiyar ta koma ta kwanaki. Zangunan bakin Kwara suka yi ta yin shiru tun kafin madatsar Kainji ta 1968 ta shanye tsohuwar Busa da mashigai da dama.

Wannan ya bayyana yadda kuɗin suka shigo. Bai bayyana yadda suka zauna ba, musamman ga mutumin da hannunsa a buɗe yake. Ya biya wa mutane kuɗin aikin Hajji, yana yanka shanu ya raba wa mabuƙata da salla, gidansa na Sarari kuma bai rabu da masu cin abinci ba har rasuwarsa ranar 17 ga Agusta, 1955. Mai kyauta irin wannan, idan bai iya tattali ba, shekara kaɗan za ta kai shi ƙasa.

Sawu na ƙarshe yana cikin sunansa. Mahaifinsa Abdullahi ne, amma duniya ba ta kira shi Ɗan'abdullahi ba. Lokacin da Amarya za ta tafi Akkara, hannun wata tsohuwar baiwa ta bar 'ya'yanta, sunanta Tata. Ita ta raine shi, ita ta saya masa asusu, ta koya masa ya raba duk abin da ya samu, ya ci wani ya jefa wani. Ana cewa asusun yana nan a gidansu na Bebeji.