Yadda Littafi Mai Tsarki Ya Sami Bakin Hausa

Wanda ya ratsa wajen Ojo ko Agege a Ikko ran Lahadi da safe, ba mamaki ya jiyo waƙar addu'a da Hausa tana fitowa daga wata majami'a. Galibin masu rera ta 'yan Arewa ne, kuma da yawansu Hausa ba harshen iyayensu ba ne. To, ta yaya aka yi haka?

Asalin abin yana Zariya. A cikin shekarar 1900 wata ƙungiyar 'yan mishan ta Ingila ta isa Kano, amma Sarki Alu ya sallame su ba tare da ɓata lokaci ba. A cikinsu akwai wani saurayi, Likita Walter Miller, wanda Zazzagawa suka sani da Likita Mila. Ya zauna cikin birnin Zariya daga 1905, ya yi shekaru yana wa'azi, amma waɗanda suka bi shi ba su taka kara sun karya ba.

Sai a 1913 wasu baƙi suka neme shi, watau Isawa, almajiran wani Malam Ibrahim da aka kashe a Kano cikin ƙarni na 19 saboda yadda ya ɗaukaka Annabi Isa. Aka kafa musu gari a Gimi, ciwon barci ya yi musu mummunar ɓarna. Wajen 1929 mishan ta bar birni ta koma Wusasa, inda aka gina majami'a da ƙasa, gini irin na Hausa.

Wusasa ƙaramin wuri ne, amma ita ta reni Likita Barau Dikko, likitan farko a Arewa, da John Tafida wanda ya rubuta Jiki Magayi tare da East, da Janar Yakubu Gowon.

A ganina, babban gadon Mila shi ne fassara. Mutanen Tamil na kudancin Indiya sun sami Sabon Alkawari da harshensu tun wajen 1715 ta hannun wani Bajamushe, Ziegenbalg. Cikakken Littafi Mai Tsarki na Hausa kuwa bai fito ba sai 1932. Hausawan da aka yi dominsu kaɗan ne suka karɓa. Angasawa da Birom da Kaje da sauran ƙabilun tsakiyar ƙasa su suka rungume shi, har jikokinsu suka sauko da shi bakin teku.