Shu'aibu Makarfi: Ɗan Ƙasar Rake da Ya Sa Wasa Ya Zama Makaranta

Idan aka ambaci Makarfi a gaban mutumin Kurmin Kogi, ko na Ikara, ko na Kudan, abin da zai fara faɗo masa a rai shi ne rake da mazarƙwaila. To, amma masu karatu, mu da muka yi makaranta a wannan yanki mun san garin ya ba ƙasar Hausa wani abin da ya fi rake daɗewa a baki, wato marigayi Alhaji Shu'aibu Makarfi, ɗaya daga cikin iyayen rubutaccen wasan kwaikwayo na Hausa.

Kafin zamaninsa ba a rasa wasanni ba. Akwai tashe cikin watan azumi, akwai wasan gauta a fada, akwai kuma 'yan kama. A rubuce kuwa, Rupert East ya fitar da wasanni shida na Hausa, Abubakar Tunau kuma ya yi Wasan Marafa, amma yawancinsu gajeru ne, domin 'yan makaranta. Shu'aibu Makarfi shi ne ya ɗauko rigimar cikin gida ta manya, ya shimfiɗa ta a fili. Ta gidan rediyo a Kaduna jama'a suka fara jin wasanninsa, daga baya aka mai da su littafi.

A 1959 aka buga Zamanin Nan Namu a Zariya, wanda ya ƙunshi wasanni biyu, Malam Maidala'ilu da 'Yar Masu Gida. Duka biyun suna duba yadda sabon zamani ya shigo gidajenmu ya sauya tarbiyya. A 1960, shekarar da Nijeriya ta sami mulkin kai, sai ga Jatau Na Kyallu.

A nan ne gwanintarsa ta fito sosai. Malam Jatau attajiri ne mai rufin asiri, ya ga Kyallu, mace mai zaman kanta, ya ce sai ita. Aka ba shi shawara ya toshe kunne. Da ta shigo, gida ya watse, dukiya ta bi ruwa. Abin lura shi ne, marubucin bai tsaya yana wa'azi ba. Ya bar Jatau ya yi magana da bakinsa, irin maganar da muke ji a kasuwa da zaure, har mai sauraro ya yi dariya, sa'an nan ya gane ashe da shi ake.

Waɗanda suka biyo baya sun tarar da hanya a share. Umaru Ɗanjuma Katsina ya fitar da Kulɓa Na Ɓarna a 1979, aka kuma mai da shi fim daga bisani. A 1990 aka yi Turmin Danya a Kano, wanda ya buɗe kasuwar finafinan bidiyo na Hausa.

Abin da ya dame mu shi ne, yaro zai lissafa maka taurarin fim goma, amma bai san wanda ya rubuta labarin ko ɗaya ba, balle ya san ɗan garinsu ya riga su. Muna roƙon malaman Hausa na makarantun Ikara da Makarfi da Kudan su nemo waɗannan littattafai, su raba wa ɗalibai matsayi, wannan Jatau, wannan Kyallu, a yi wasan a filin makaranta ranar rufe zango, a gayyato iyaye su zo su kalla.