Cinikin Waƙa a Wasiƙun Harriet Monroe

A ɗakin karatu na Jami'ar Chicago, a Amurka, akwai akwatunan takardun da Harriet Monroe ta yi wasiyya a bai wa jami'ar. Ita ce ta kafa mujallar waƙoƙi ta Poetry a Oktoban 1912, bayan ta bi masu hannu da shuni na birnin ofis-ofis, har mutum wajen ɗari suka yi alkawarin dala 50 duk shekara, tsawon shekara biyar. Ta riƙe kujerar edita har rasuwarta a Peru a 1936.

Mai karanta mujalla waƙa yake gani tsaf a shafi, kamar haka ta faɗo daga sama. Wasiƙun da ke cikin akwatunan nan kuwa suna nuna cinikin da aka sha kafin a kai ta maɗaba'a.

A 1914 Ezra Pound, wakilin mujallar a Landan, ya aiko da waƙar wani matashi da ba a san shi ba, T. S. Eliot, wadda aka fi sani da Prufrock. Ƙarshenta bai kwanta wa Monroe a rai ba. Pound ya kafe cewa ba zai nemi Eliot ya sauya komai ba, ya dinga aiko da wasiƙu masu zafi. Sai a Yunin 1915 ta buga ta, can wajen ƙarshen fitowar.

Mawaƙi Wallace Stevens kuwa bai yi gardama irin wannan ba. Waƙarsa Sunday Morning baiti takwas ce, Monroe ta zaɓi biyar. Ya amince, ya dai faɗi yadda za a jera su. Cikakkiyarta sai a littafinsa Harmonium na 1923. Wato shekara takwas masu karatu na riƙe da waƙar da almakashin edita ya bi ta kanta.

An buga wasiƙun Pound a littafi tun 1950, saboda haka muryarsa aka fi ji, aka daɗe ana kallon Monroe a matsayin mace mai ɗari-ɗari da sabon salo. A ganina an so a zalunce ta. Shi faɗa kawai yake yi daga Landan. Ita ke biyan mawaƙa ladan aikinsu, abin da ƙananan mujallu da yawa ba sa yi, ita ke lallashin masu ba da kuɗi. Littafin Dear Editor na 2002, wanda Joseph Parisi da Stephen Young suka tattara daga wasiƙun mujallar, ya ba masu karatu damar jin nata bakin.