Abin da ke hana hannun PlayStation haɗuwa da na'ura

Hannun wasan PlayStation ba abu ne mai araha ba, amma da yawa daga cikin waɗanda ake yanke wa ƙauna a sayo sabo, lafiyarsu ƙalau. Alamar da aka fi gani ita ce a danna madannin PS, fitilar hannun ta yi ta ƙyaftawa na ɗan lokaci sannan ta mutu, na'urar kuwa ko gezau. Ma'anar hakan ita ce hannun yana da caji, yana neman na'urarsa ne bai same ta ba.

Hannun PS4, wato DualShock 4, da na PS5 mai suna DualSense, duk ta Bluetooth suke magana da na'ura, sai dai haɗin farko da kebul na USB ake yin sa. DualShock 4 na'ura ɗaya tak yake tunawa. Idan yaro ya haɗa shi da wayar salula, ko aka ara wa maƙwabci, ya manta da ta gida ke nan har sai an sake jona shi da kebul an danna PS.

A nan ne mafi yawan mutane ke tuntuɓe, domin ba kowane kebul ne ke wannan aiki ba. Cikakken kebul na USB yana ɗauke da silin waya huɗu, biyu na wuta, biyu na bayanai. Masu arahar da ke zuwa da tocila ko ƙaramar sifika galibi na wutar kaɗai gare su. Irin wannan zai yi wa hannun caji, fitila ta kama, mai shi ya ɗauka komai daidai ne, alhali na'urar ba ta ma san an jona wani abu ba. Gwajin ba wuya: a haɗa wayar salula da kwamfuta da kebul ɗin, idan kwamfutar ba ta ga wayar ba, na caji ne kawai. Bakin kuma ya bambanta, PS4 micro-USB, PS5 USB-C.

Idan kebul mai kyau ne amma abin ya ƙi, akwai wani ɗan rami a bayan hannun, a DualShock 4 yana kusa da madannin L2. A kashe na'urar gaba ɗaya, a zare ta daga wuta, a sa tsinke a ramin a danne na daƙiƙa 5, sannan a kunna a jona. Yana da kyau a leƙa bakin cajin ma, don ƙurar hunturu kan cushe shi.

Wanda haɗinsa ke yankewa ana tsakiyar wasa kuwa, ya duba abin da ke kewaye da na'urar. Bluetooth da Wi-Fi suna cunkoso a zango ɗaya na 2.4GHz, saboda haka ajiye akwatin intanet a gefen na'ura, ko kulle ta a cikin kabad, na raunana haɗin.

Akwai kuma abubuwan da ba lalacewa ba ne, haka kamfanin Sony ya tsara. DualShock 4 yana aiki a PS5, amma a wasannin PS4 kaɗai. Yawancin abin sauraro na kunne masu Bluetooth ba sa haɗuwa da PlayStation kai tsaye, sai dai a soka mai waya a ramin da ke ƙasan hannun. Hannun da ya ƙi amsawa bayan an gwada shi da kebul biyu masu kyau a na'ura biyu daban, shi ne ya cancanci a kai wa mai gyara, kuma sau da yawa bakin cajin ko batirin ake canjawa.