Fitsari Mai Launin Shayi Bayan Zazzaɓi: Yadda Korona Ke Narkar da Tsoka Har Ta Taɓa Ƙoda

A Warra da sauran garuruwan bakin tafkin Kainji, sauyin launin fitsari ba ya tayar wa mutane da hankali yadda yake yi a wasu wurare. Yaron da ya tashi yana iyo a gulbi ya san tsargiya tun yana ƙarami. Idan fitsari ya yi ja sai a ce tsargiya ce, idan ya yi rawaya mai duhu a ce shawara ce, a nemo jiƙo. Shi kuwa ciwon jiki abokin zaman masunci ne da manomin albasa da mai haƙar zinariya. Wanda ya wuni yana jan taru ko yana ban-ruwa a fadama ba zai yi mamaki ba don cinyoyinsa sun yi tsami da dare.

Wannan sabo shi ne mafakar wata larura mai haɗari, wadda likitoci suke kira rabdomayolisis. A Hausance za mu iya ce mata narkewar tsoka. An daɗe da saninta, amma annobar korona ta sake fito da ita fili, bayan da aka riƙa ganinta a jikin wasu daga cikin waɗanda cutar ta kama.

Abin da ke faruwa a cikin jiki

Tsoka ita ce kusan kashi 40 cikin ɗari na nauyin jikin babban mutum. Kowane silin tsoka yana lulluɓe da wani ɗan tantani mai tsare abin da ke cikinsa. A ciki akwai wani jan sinadari mai suna mayogulobin, wanda aikinsa shi ne adana iskar da tsoka take aiki da ita, kuma shi ne yake sa nama ya yi ja. Akwai kuma gishirin fotasiyam mai yawa, da wani sinadarin da likitoci suke taƙaita sunansa da CK.

Muddin waɗannan abubuwa suna cikin tsoka, amfani suke yi. Idan tantanin ya yage, sai su kwarara cikin jini, kamar buhun gero da ya fashe a cikin jirgi. Jini kuwa ƙoda yake kai wa kayansa. A kowace ƙoda akwai ƙananan matatai kusan miliyan ɗaya, kuma su biyun suna tace ruwan jini kimanin lita 180 a kowace rana. Idan mayogulobin ya yi yawa, yakan daskare a cikin siraran bututun matatan ya toshe su, ya kuma ƙona bangonsu. Abin ya fi muni idan jiki ya bushe, domin babu isasshen ruwan da zai wanke shi ya fita. Wanda ya samu ya wuce shi ne yake rina fitsari ya koma kamar baƙin shayi ko lemon Coca-Cola.

Fotasiyam ya fi gaggawar ɓarna. Ƙoda ce take fitar da rararsa, to idan ta toshe sai ya taru a jini ya rikita bugun zuciya. Mutum yana iya faɗuwa nan take.

Likitoci sun fara fahimtar wannan sosai ne a lokacin Yaƙin Duniya na Biyu. A 1941 wasu masu bincike biyu a Landan, Eric Bywaters da Desmond Beall, suka ba da rahoton mutane huɗu da aka zaƙulo daga ƙarƙashin gine-ginen da bama-baman Jamus suka rusa. An fito da su da ransu, har ana murna, amma bayan 'yan kwanaki fitsarinsu ya yi duhu, ya ragu, suka mutu. Tsokar da gini ya danne ce ta kashe ƙodarsu. Irin wannan yana iya samun wanda ramin haƙar zinariya ya rufta wa, ko da an ciro shi yana magana garau.

Ina ruwan korona da tsoka?

An fi sanin korona da tari da sarƙewar numfashi, amma tun farkon annobar aka lura ba a huhu kaɗai take tsayawa ba. Wani babban rahoto da likitocin ƙasar Sin suka fitar a watan Fabrairun 2020 ya duba marasa lafiya 1,099. Kusan kashi 15 cikin ɗari sun yi kukan ciwon tsoka ko na gaɓoɓi, amma mutum biyu ne kawai aka tabbatar tsokarsu ta narke. Wannan yana nuna abu biyu: ciwon jiki a korona ruwan dare ne, narkewar tsoka kuwa ba kasafai take faruwa ba. Saboda haka ba kowane ciwon jiki ne abin firgita ba.

A shekarar dai wasu likitoci biyu, Jin da Tong, suka bayar da labarin wani dattijo ɗan shekara 60 da aka kwantar a birnin Wuhan da korona. Sai da ya yi kwana tara a asibiti sannan ƙafafunsa suka fara ciwo, suka yi rauni. Da aka auna jininsa, sai aka ga CK ya haura 11,000, alhali a jikin mai lafiya ba ya wuce 'yan ɗaruruwa. Aka yi ta ɗura masa ruwa, ya samu sauƙi. Daga baya rahotanni daga wasu ƙasashe suka nuna akwai waɗanda ciwon tsokar ne ma ya fara kai su asibiti, kafin tari ya bayyana, har da matasa da yara.

Hanyoyin da cutar take bi ta kai ga haka suna da yawa, kuma galibi haɗuwa suke yi. Idan garkuwar jiki ta tashi yaƙi da ƙwayar cutar, takan saki sinadaran kumburi masu yawa, waɗanda kan yi kan mai uwa da wabi, su taɓa har tsoka mai lafiya. Zazzaɓi mai zafi da rawar ɗari suna gajiyar da tsoka. Gumi da amai da gudawa suna busar da jiki. Ƙarancin iska a jini yana hana tsoka abin da take rayuwa da shi. Doguwar kwanciya a gefe ɗaya ba motsi tana danne nama. Wasu magunguna ma suna ƙara wa wutar fetur, musamman na rage maiƙon jini da wasu masu hawan jini da ciwon suga suke sha.

Ba korona ce kaɗai mai wannan hali ba. Murar nan mai tsanani da ake kira infuluwenza an daɗe da saninta da shi. Haka kuma aikin ƙarfi da ya wuce kima a cikin zafin rana, da farfaɗiya mai tsawo, da shan barasa, da ƙwayoyi irin su tiramadol.

Yadda abin yake zuwa a gida

Mu ƙaddara wani magidanci ne a wata tungar masunta kusa da Warra. Ya yi kwana huɗu yana fama da zazzaɓi da mura, ya sha maganin maleriya, jiki ya ɗan saki. Watan Afrilu ne, lokacin da zafi a ƙasar Yauri yake kaiwa ma'auni 40 har ya wuce. Gida babu cefane, don haka ya bi abokansa jan taru. Da yamma ya dawo yana jan ƙafa. Washegari ya tsuguna ya kasa miƙewa sai da ya dafa bango. Matarsa ta ce, “Maigida, anya jikin nan ya warware kuwa?” Ya ce gajiya ce kawai, a aika yaro kemis. Aka kawo haɗin ƙwayoyin ciwon jiki a ƙulle cikin leda, ya watsa a baki. Da ya zaga bayan gida sai ya ga fitsarin ya yi duhu, kuma ɗan kaɗan ne. Ya ce a ransa tsohuwar tsargiya ce ta motsa, bai gaya wa kowa ba.

A wannan ɗan labari an yi kuskure uku. Na farko komawa aikin ƙarfi kafin jiki ya murmure. Na biyu shan ƙwayoyin ciwon jiki barkatai: irin su dikulofenak da ibufurofen suna rage jinin da ke zuwa ƙoda, a daidai lokacin da ta fi bukatarsa. Na uku, wanda ya fi sauran, shi ne yin shiru. Hausawa sun ce ruwa ba ya tsami banza.

Bambancinsa da tsargiya da shawara

Jinin tsargiya ja ne, kuma ya fi fitowa a ƙarshen fitsari, ɗigo-ɗigo, wani lokaci da zafi. Mai shi yakan ci gaba da harkokinsa, ƙafafunsa ba sa mutuwa. Shawara kuwa tana sa ido ya yi rawaya. A narkewar tsoka fitsarin gaba ɗayansa ne yake komawa ruwan ƙasa tun daga farko har ƙarshe, tare da ciwo mai tsanani a cinyoyi ko sha-raɓa ko kafaɗu ko gadon baya, da rauni har mutum ya kasa ɗaga hannu ko tashi daga tsuguno. Wani lokaci naman yakan kumbura, ya yi tauri, ya yi zafi idan an taɓa.

Sai dai kada a jira alamomin su taru. Waɗanda suke zuwa da ukun a haɗe, wato ciwo da rauni da baƙin fitsari, su ne 'yan kaɗan. Akwai kuma wasu larurorin da ke baƙanta fitsari, kamar maleriya mai tsanani da fashewar ƙwayoyin jini, kuma duk na asibiti ne. Wato ko ta wace fuska aka duba, baƙin fitsari bayan zazzaɓi ba na zama a gida ba ne.

Abin daɗin shi ne akwai gwaji mai sauƙi da ɗakin gwaje-gwajen ƙaramin asibiti zai iya yi. Ana tsoma 'yar takardar gwaji a fitsari. Idan ta nuna alamar jini, sai a duba fitsarin a madubin likita. Idan tsargiya ce za a ga ƙwayoyin jini, sau da yawa har da ƙwan tsutsar. Idan takarda ta ce akwai jini amma madubi bai ga ƙwayoyinsa ba, to likita zai yi zargin mayogulobin, ya nemi a auna CK da fotasiyam da aikin ƙoda. Idan CK ya ninka iyakarsa sau biyar, wato wajen 1,000, an tabbatar da larurar. Idan ya haura 5,000, haɗarin lalacewar ƙoda ya ƙaru.

Magani da nisan hanya

Babban maganin narkewar tsoka ba wani abu ne mai tsada ba, ƙarin ruwa ne ta jijiya, da wuri kuma da yawa, ana auna fitsarin da ke fita, ana lura da numfashi. Lura da numfashin wajibi ne ga mai korona, domin ruwan da ya yi yawa yana iya taruwa a huhun da dama ya jigata. Shi ya sa ba aikin da za a kira wani ya rataya ledar ruwa a ƙusa a cikin ɗaki ba ne. Wanda aka fara wa magani da wuri, galibi ƙodarsa takan dawo daidai, tsokar ma ta farfaɗo cikin makonni.

Idan aka makara har ƙoda ta tsaya, sai wankin ƙoda. A nan ne mutumin Ngaski ko Shanga zai gane bambancin kwana ɗaya. Ledar ruwa ana samunta a babban asibitin Warra da na Yauri. Wankin ƙoda kuwa sai an kama hanyar Koko da Jega zuwa manyan asibitocin Birnin Kebbi, ko a zarce Asibitin Koyarwa na Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo da ke Sakkwato. Ga kuɗin mota, ga na jinya, ga na kowane wanki, kuma ba sau ɗaya ake yi ba. Mutumin tsibiri ko na tsallaken ruwa sai ya fara da neman jirgi tukuna.

Wani zai ce ai korona ta wuce. Gaskiya ne tun da aka samu mutum na farko da ita a Legas ranar 27 ga Fabrairun 2020 abubuwa sun sauya: an yi rigakafi, kuma ranar 5 ga Mayun 2023 Hukumar Lafiya ta Duniya ta janye dokar ta-ɓacin da ta sa a kanta. Amma janye ta-ɓaci ba shi ne ɓacewar ƙwayar cuta ba. Tana nan tana yawo cikin sauran mura, gwajinta ne aka rage yi. Ita kuwa ƙoda ba ta tambayar sunan cutar da ta narkar da tsoka.

Kira ga jama'a

Wanda ya tashi daga zazzaɓi ko mura mai ƙarfi ya huta na wasu kwanaki, ya koma aiki sannu a hankali, ya guji tsakar rana. Ya yawaita shan ruwa mai tsabta, har fitsarinsa ya yi haske. Idan azumi ne, ya tuna shari'a ta yi wa marar lafiya rangwamen ya sha ya rama. Idan ciwon jiki ya dame shi, farasitamol daidai ƙa'ida ya fi haɗin kemis aminci ga ƙoda. Amma idan fitsari ya riga ya ɗauke, ko ƙafa da fuska sun kumbura, ko numfashi yana sarƙewa, kada a yi ta ɗura masa ruwa ko jiƙo, kada a tsaya tausa da gashi, a nufi asibiti.

Masu kemis su ma suna da rawar takawa, domin su ake fara zuwa wa. Tambaya ɗaya kafin a ƙulla magani, “Baba, yaya launin fitsarinka?”, tana iya ceton ƙodar mutum. Ma'aikatan ƙananan asibitoci kuma kada su tsaya a kan tsargiya don kawai mai jinyar daga bakin ruwa ya fito.

Kai kuma mai karatu, idan ka ga fitsarinka ya koma kamar shayi bayan zazzaɓi, kuma ƙafafunka sun ƙi ɗaukarka, ajiye kunya ka faɗa wa na kusa da kai, a kai ka asibiti a ranar, ba gobe ba. Allah Ya ƙara mana lafiya.