Albasar Galmi da Yaran Adjamé

Duk wanda ya taɓa tsayawa wurin 'yan albasa a Adjamé da ke Abijan ranar da mota ta sauke kaya daga Galmi ya san aikin farko. Ana kwance bakin buhu, a zazzage, a baza. Wadda ta ruɓe gaba ɗaya a ware ta gefe. Wadda ta ɗan jiƙe a hanya kuwa, ko ta samu tabo, sai a ɓare mata ɓawon sama, a shanya ta inda iska ke kaɗawa, gobe ta shiga kasuwa. Babu ɗan kasuwa mai hankali da zai tura ta cikin ruɓaɓɓu ya ɗaure bakin buhu, don ya san abin da zai tarar bayan kwana uku.

Abin da ba ma yi wa albasa, shi muke so a yi wa 'ya'yan mutane. Tun bayan rikicin zaɓe na 2010 zuwa 2011, Abijan ke fama da yaran da ake kira microbes, masu tare hanya da adda da wuƙa. Daga Abobo abin ya taso, ya bazu zuwa Attécoubé da Adjamé, har mutanen Williamsville suka koyi komawa gida da wuri. Wanda aka taɓa sara, in ya ce a kulle su duka, ban ga laifinsa ba. Ciwo ne ke magana.

To amma ina za a kulle su? Kurkukun MACA da ke Yopougon an gina shi ne don mutum 1,500, ga shi yana ɗauke da ninkin haka sau da yawa. Yaro ɗan shekara goma sha huɗu da ya fizge waya, in ya kwana cikin manyan ɓarayi, wa zai zama malaminsa? Ya shiga da tabo, ya fito ruɓaɓɓe, kuma unguwarmu zai dawo.

Gwamnatin Kwaddibuwa ta gwada wata hanya. An kwashi irin waɗannan yara zuwa sansanin gyaran hali a M'Bahiakro, akwai kuma cibiyar horon matasa ta Bimbresso, inda ake koya musu ladabi da sana'a. Dokar hukunta laifuka ta 2019 ta ba alƙali damar yanke wa mai ƙaramin laifi aikin amfanin jama'a maimakon ɗauri. Ta ɓangaren gida, shirin tallafin da aka fara a 2015 da hannun Bankin Duniya yana ba magidanta marasa ƙarfi sefa 36,000 kowane wata uku. Kuɗin ba su da yawa, amma uwar da ta samu jarin tuya takan iya riƙe ɗanta a makaranta.

Inda gizo ke saƙa shi ne ranar dawowa. Yaro ya gama horo, ya sauka a tashar Adjamé da ɗan abin da ya koya, kowa na nuna shi da baki. Babu maigidan da zai karɓe shi, sai tsoffin abokai, su kam hannu bibbiyu. Kisa da yankan jama'a ba su cikin wannan magana, waɗannan na kotu ne, kuma a hukunta.

Mu Hausawan Treichville da Adjamé da Williamsville akasarinmu a hannun wani muka tashi. Wani ya ba mu wurin kwana, ya tsayar da mu a bakin tukuba ko rumfar sayar da abincin garba har muka kama ƙasa. Ya ku sarakunan unguwa da limamai, ku nemi ma'aikatan jin daɗin jama'a na yankinku, ku haɗa su da teloli da makanikai da 'yan kasuwarmu. Kowane maigida ya ɗauki yaro ɗaya.